Sadakar Arba'in a Birnin Zariya

A Anguwar Juma, cikin birnin Zariya, wani tsohon maɗinki ya rasu, ya bar mata ɗaya da 'ya'ya maza biyu. Ran kwana uku aka daka gero aka yi gumba, aka toya waina, malamai suka cika zaure suka yi addu'a. Ran bakwai ma haka. Da arba'in ta gabato, sai gardama ta tashi.

Ƙaramin yana karatu wurin malaman Izala, watau ƙungiyar nan da aka kafa a Jos cikin 1978. Ya ce, "Yaya, keɓe rana bidi'a ce. Addu'a ga uba kullum ake yinta." Babban ya ce, "Haka aka yi wa kakanmu, ba a kaina za a fasa ba." Abin da ya ɓoye shi ne ba shi da kuɗin shinkafa, har ya yi niyyar jinginar da keken ɗinkin marigayi. Gaskiya, tsoron bakin mutane ya fi yawa a zuciyarsa.

Ba Bahaushe kaɗai ke tuna matattunsa da abinci ba. Can kudancin Indiya akwai mutanen da ake kira Tamil. Masu bin addinin Hindu cikinsu, ran da wata ya ɓace, sukan tafi bakin kogi ko bakin teku, kamar na garin Rameswaram, su zuba ruwa da baƙin riɗi, suna ambaton uba da kaka da uban kaka. Sa'an nan su ajiye wa hankaka dafaffiyar shinkafa kafin su ci tasu. A ganinsu abincin yana isa ga mamaci. Musulmi kuwa lada yake roƙon Allah ya kai kabari, abincin na masu rai ne.

Tsohuwar tana cikin takaba, amma labari ya shiga ɗakinta. Ta kira su, suka durƙusa. Ta ce, "Keken nan da shi ya ciyar da ku. Wanda ya fitar da shi, ban yafe ba." Suka ce, "To, Inna."

Ran arba'in ba a gayyaci kowa ba. Ta ba jikarta wake mudu biyu, aka toya ƙosai, aka kai wa almajiran makarantar allo ta maƙwabta. Juma'ar da ta biyo ma ta sa aka yi haka. Babban ya yi mako guda yana kauce wa majalisar ƙofar gida, sa'an nan wata safiya aka ji ƙarar keke daga zaure.