Filin Roumdé Adjia da Labaran da Ke Bakin Dattawa

Baƙon da ya sauka Garwa a yau, aka kai shi filin ƙwallon Roumdé Adjia, ba zai ga alamar tsufa a jikinsa ba. Kujeru ne masu launi, ga rumfa, ga ciyawa shar. Amma an gina filin tun 1978, zamanin Shugaba Ahmadu Ahijo, ɗan wannan gari na bakin Binuwai. Gyaran da aka yi masa domin gasar cin kofin Afirka ya sabunta shi, ya kuma shafe yawancin abin da ido ya saba gani. Abin da ya saura yana bakin mutane.

Kundin tarihi ya riƙe lissafi. Ranar 16 ga Nuwamba 2008 Coton Sport, ƙungiyar kamfanin auduga na SODECOTON wadda aka kafa a 1986, ta karɓi Al Ahly ta Masar a wasan ƙarshe na kofin zakarun Afirka. An riga an ci mu 2 da nema a Alƙahira. A gida aka tashi 2 da 2, kofi ya tafi Masar. Mai tsaron gidanmu ran nan Kassaly Daouda ne, ɗan Nijar. Iyakar abin da takarda za ta gaya maka ke nan. Ba za ta faɗi ƙarfe nawa mutane suka fara layi a ƙofa ba, ko yadda dakalin siminti ke ƙuna da rana, ko nawa mai ruwan sanyi ya sayar, ko shirun da gari ya yi da magariba. Ni a ganina waɗannan su ne tarihin filin.

Haka watan Janairu na 2022. Ranar 11 ga wata Najeriya ta ci Masar 1 da nema, Kelechi Iheanacho ya jefa ƙwallon. Ta doke Sudan da Gini Bisau, kana Tunisiya ta fitar da ita ranar 23. A waɗannan makonni biyu 'yan'uwa daga Yola da Mubi suka ƙetaro iyaka, aka yi ta cacar baki da Hausa da Fillanci a wuraren masu shayi. Gida nawa ne suka sauki baƙi? Zumunci nawa aka sabunta bayan shekaru ba a ga juna ba? Wannan na jiya-jiya ne, amma har an fara saɓani a kan wa ya zo da wa.

Abin da ya fi gaggawa shi ne shekarun farko. Wanda ya kalli wasa a 1978 yana ɗan shekara 20, yanzu ya doshi 70. Mai karatu, idan akwai irinsa a gidanku, zauna da shi bayan la'asar da littafi ko wayar ɗaukar murya. Kada a tambaye shi wa ya ci wasa, wannan ana samu a rubuce. A tambaye shi da wa ya je, a ƙafa ko a keke, a wane ɓangare ya zauna, me mahaifinsa ya ce da ya dawo gida. A tambayi iyaye mata ma, domin waɗansunsu da cinikin ƙosai da gyaɗa a bakin ƙofar filin suka saya wa 'ya'ya littattafai. In an sami tsohon hoto ko tikiti a ƙasan akwati, a rubuta shekara da sunayen waɗanda ke ciki a bayansa, tun mai shi yana iya gane fuskokin.