Sharhin fim a intanet da darasin kalmomin nuni

A shekarata ta farko a karatun digiri na biyu, malaminmu ya umurci kowa ya samo magana ta minti biyar ya rubuta ta kalma bayan kalma. Abokaina suka nufi kasuwa da tashar mota. Ni kuwa na zaɓi wani bidiyon sharhi na tashar Every Frame a Painting, wadda Tony Zhou da Taylor Ramos suka buɗe a YouTube a 2014. Bidiyon ya fito a 2015, yana bayani kan yadda Akira Kurosawa, mai shirya fim na ƙasar Japan, yake sarrafa motsi: ruwan sama da iska da hayaƙi, tafiyar taron jama'a, da juyawar kyamara.

Na kalle shi sau da yawa, kuma kowane lokaci sai in ji hujjarsa ta gamsar da ni. Amma da na gama rubuta maganar, na karanta ta ba tare da hoto ba, sai na tarar rabinta umurni ne da nuni: a duba nan, a lura da wancan. Hujjar tana cikin hoton, murya tana yi wa ido jagora ne kawai.

Mai nazarin Hausa ya san wannan al'amari. Muna da "nan" mai faɗuwar sauti don wurin da mai magana yake, da "nan" mai sautin sama don wurin mai sauraro, haka kuma "can" iri biyu, na nesa da ake hange da na nesa ƙwarai. Babu ɗayansu da ke da cikakkiyar ma'ana sai an san inda ake tsaye. Mai sharhi a jarida dole ya siffanta abin da ya gani, mai karatu ya yarda ko ya ƙi. Mai sharhin bidiyo yana ɗora yankin fim ɗin a gabanka, ya ce ga shi.

A nan ne na fara jin tsoro. Kurosawa ya shirya fim 30, kuma daƙiƙoƙin da aka nuna mini zaɓaɓɓu ne. Gani ya kori ji, in ji Bahaushe, sai dai wanda ya yanka hoton shi ya zaɓa mini abin da zan gani. Ban ce Zhou ya yi kuskure ba. Da na kalli Samurai Bakwai na 1954 tun daga farko har ƙarshe, na sami abin da ya faɗa. Amma na yarda da shi tun kafin in bincika.

Da na koma kan kundin bincikena, sai na ga ina yin haka nan: jimloli shida da suka dace da ra'ayina na jera, na bar sauran a cikin littafin aikina. Na dawo da su duka, har da guda biyu da suka saɓa wa abin da nake so in tabbatar, kuma har yanzu ina neman bayaninsu.