Filin kurket mai sunan ɗan Bauchi, da filayen da muka bari a gida

Rubutun yana da ɗan tsawo, wanda datarsa ta kusa ƙarewa ya ajiye shi sai ya samu sarari.

Mu nawa ne muka san cewa filin wasan kurket da ya fi shahara a Najeriya sunan ɗan Bauchi yake ɗauke da shi? Na jefa wa 'yan ajinmu na mastas wannan tambayar muna jiran lakca, babu wanda ya sani. Wani ma cewa ya yi, "Malam, kurket kuma? Ba gyare ake nufi ba?" Aka yi ta dariya. To filin yana Legas, a harabar dandalin Tafawa Balewa, wurin da a da ake sukuwar dawaki, inda aka yi bikin karɓar 'yancin kai ranar 1 ga Oktoba, 1960. Wasan ya daɗe a Legas ƙwarai, don tun 1904 'yan Legas suka kara da 'yan Gwalkwas, wato Gana ta yau.

Ni ma bautar ƙasa ce ta kai ni. Inda aka tura ni aiki bai da nisa da dandalin, sai ya zama ranar Asabar idan zaman ɗaki ya ishe ni nakan leƙa. Ga yadda wasan yake a taƙaice: kowane ɓangare mutum 11. Ɗaya yana jifa da ƙwallo don ya kayar da wasu sanduna uku da aka kafa, ɗaya kuma yana tsaye da faffaɗan katako yana kare su. In ya maka ƙwallon ta yi nisa, sai shi da abokinsa su yi ta gudu suna tara maki. Akwai wasan da ake kwana biyar ana yi, akwai na wuni guda, akwai gajere da ake kira T20 wanda ake gamawa cikin kamar awa uku.

Amma abin da ya fi tsaya mini a rai a filin nan wani dattijo ne mai kula da shi. Shi ya fara nuna mini cewa duk faɗin filin, wani ɗan siririn tsiri ne a tsakiya mai tsawon yadi 22 yake yanke hukunci. Kwanaki kafin wasa yake fara ba shi ruwa, ya bi da rola ya danne, ya rage ciyawa, in hadari ya taso ya rufe da tamfol. Ya ce mini, "Kofa, in na bar ciyawa, masu jifa da ƙarfi za su ji daɗi. In na bar ƙasar ta bushe ta tsattsage, ƙwallo za ta riƙa murɗewa, masu dabara su ci kasuwarsu." Wato kafin 'yan wasa su sa kaya, mai rola ya riga ya rubuta rabin labarin. A wannan fili aka riƙa karɓar ƙungiyoyin mata na ƙasashen Afirka irin su Ruwanda da Saliyo, kuma ba wanda ya tafa wa dattijon ko sau ɗaya a gabana.

Daga nan na fara bibiyar manyan filayen duniya a waya, na ga kowanne da halinsa kamar mutum. Na Lord's da ke Landan yana wurin da yake yanzu tun 1814, kuma a karkace yake, gefe ɗaya ya fi ɗaya tudu da kusan mita biyu da rabi. Ba su gyara ba, baƙo ne zai koyi wasa a haka. A can aka yi wasan ƙarshe na kofin duniya na 2019, Ingila da Niyu Zilan suka yi kunnen doki, aka ƙara lokaci suka sake yin kunnen doki, sai da aka ƙirga wanda ya fi kai ƙwallo bakin iyaka sannan aka ba Ingila. Na Melbon a Ostareliya shi ya karɓi wasan kwanaki na farko tsakanin ƙasa da ƙasa a 1877, kuma yana cin mutum kusan 100,000. Na Ahmadabad a Indiya ya fi kowanne girma, mutum 132,000. A nan Ostareliya ta doke masu gida a wasan ƙarshe na 2023, filin ya yi tsit kamar an yi ruwa an ɗauke.

Waɗannan na masu hali ne. Labarin da ya fi kama da namu shi ne na Pakistan. A watan Maris na 2009 'yan bindiga suka buɗe wa motar 'yan wasan Siri Lanka wuta a Lahor suna hanyar zuwa fili. Daga ranar ƙasashe suka ɗauke ƙafa. Kusan shekara goma Pakistan tana zuwa Dubai da Abu Dabi da Sharja tana karɓar baƙinta a gidan aro, sai ƙarshen 2019 wasan kwanaki biyar ya koma gida. Ku yi tunanin yaron da ya tashi a wannan tsakanin, bai taɓa ganin gwanayen ƙasarsu ido da ido ba. Afganistan kuwa har ta kai wasan kusa da na ƙarshe a kofin duniya na T20 a 2024, amma wasanninta na gida a Indiya da Daular Larabawa take yin su. Mu 'yan Arewa ba sai an yi mana dogon bayani ba. Mun san yadda ake ji in an ce wa baƙo kada ya bi hanyar garinku. Fili komai kyansa, in babu kwanciyar hankali, kiwon awaki za a yi a ciki.

Na san wani zai ce, ina mu ina kurket, ga rana ga ƙura ga rashin ruwa? Sharja fa a cikin sahara take. A farkon shekarun 1980 aka gina filinta, yau babu filin da ya kai shi yawan karɓar wasannin wuni guda na ƙasa da ƙasa. Wani zai ce ai su da kuɗin mai. To Ruwanda fa? A 2017 ta buɗe filin Gahanga kusa da Kigali, da taimakon masu ba da gudummawa, yanzu ƙasashe suna tururuwa can, har 'yan matan Najeriya sun sha zuwa gasar Kwibuka. Nan gida ma an yi filaye biyu a babban filin wasa na Abuja, aka karɓi wasannin share fagen kofin duniya a Nuwamban 2024. A gasar ce Najeriya ta tara maki 271, ta fitar da Kwaddibuwa duka da maki 7 kacal. Wata biyu bayan haka, a Maleshiya, 'yan matanmu 'yan ƙasa da shekara 19 suka doke Niyu Zilan da maki 2. Kuma a 2028 kurket zai koma wasannin Olamfik a Los Anjelas, karo na farko tun 1900. Ƙofa ce take buɗewa. Tambayata ita ce, in an zo zaɓen 'yan wasa, a wane fili za a ga ɗan Azare ko 'yar Jama'are?

Kada mu ce baƙon abu ne a wurinmu. A Kwalejin Katsina, inda Sardauna da Tafawa Balewa suka yi karatu, ana buga kurket. Karɓar baƙin duniya ma mun taɓa yi: filin Abubakar Tafawa Balewa na cikin garin Bauchi ya karɓi wasannin ƙwallon ƙafa na kofin duniya na matasa a 1999, ya sake karɓar na 'yan ƙasa da shekara 17 a 2009. Yayyenmu har yau suna ba da labarin. Ku leƙa maƙwabta kuma. A Nijar, tun 1975 ake kokawar neman takobi, kuma saboda manyan garuruwan jihohinsu suna da filayen kokawa, gasar zagayawa take yi, bana Maraɗi, baɗi Damagaram ko Tawa. Garin da ya karɓa, mai masauki da mai tuwo da ɗan acaɓa duk sai sun shaida.

Abin da ke ci mini tuwo a ƙwarya shi ne yadda muke barin filaye suna salwanta. Sakandaren da na yi tana da filin da sai ka gaji kafin ka zagaye shi. Da na koma bara, an yanki gefe an yi shaguna, masu babura sun fasa hanya ta tsakiya, ragowar kuma ƙaya da leda. Ba rana ɗaya aka ƙwace shi ba. Daina shiga aka yi, sai ya zama na kowa. Icen da ba a hawa, ai mai gatari yake jira.

Nan Gadau kuwa Allah ya ba mu abin da 'yan Legas suke nema da kuɗi ba su samu ba, wato sarari. Ƙasa shimfiɗaɗɗiya, ido ya yi ta tafiya. Mu kuma da yamma in ba a gidan kallon ƙwallo muna musun Arsenal da Madrid ba, to muna kwance a hostal muna latsa waya. Ni kaina furojet ya sha mini kai, sufabaiza yana jiran babi na uku, amma na lura ranar da na motsa jiki na fi fahimtar abin da nake karantawa.

Farawa ba ta buƙatar miliyoyi. A unguwannin Karachi yara ƙwallon tanis suke naɗewa da salatif na masu gyaran wuta, su buga a lungu, kuma da yawa daga manyan 'yan wasansu a haka suka fara. Kafinta a kasuwar Azare zai iya fafe mana katako in an nuna masa hoto. Sanduna uku kuwa ko na dogon yaro sun isa. Abin da ya fi wuya shi ne a samu mutum goma da za su ɗauki fili ɗaya kamar gonar gado: su share, su cire ƙaya, su yayyafa ruwa, su dawo mako mai zuwa, su kuma miƙa wa 'yan aji ɗaya kafin su gama. Mu 'yan mastas baƙi ne, shekara biyu mun tafi. Ƙannenmu masu shekara huɗu a gaba su ne za su riƙe.

Ban ce gobe Indiya za ta sauka a Gadau ba. Amma in muka riƙe fili shekara biyu, za mu iya gayyatar wata jami'a ta zo mu kara, mu ma wata rana a gayyace mu Abuja. Wanda kurket bai yi masa ba, ya ɗauki langa ko kokawa ko ƙwallon raga, duk dai fili ne za a raya.

Saboda haka ga shawara. Ranar Asabar bayan sallar asuba, kafin rana ta yi zafi, duk mai sha'awa ya fito da tsintsiya ko manjagara. Ƙwallo biyu da salatif suna wurina. Za mu fara neman izinin masu kula da wasanni, kada a ce mun yi gaban kanmu. 'Yan uwa mata, ku ma ku haɗa taku ƙungiyar ku zaɓi lokacin da ya dace da ku, ai kun ji abin da takwarorinku suka yi a Maleshiya. Wanda ya taɓa bugawa a sakandare ko wurin bautar ƙasa, don Allah ya yi magana, muna neman mai koya mana riƙon katako.

Allah ya ba mu sa'ar jarrabawa, ya zaunar mana da Arewa lafiya.