Ƙurar da ta cinye mana haske

Da hunturun bara intanet ya riƙa yankewa a ɗakin kwamfutar makarantarmu nan Diffa. Iyaye ne suka yi karo-karo aka ja wayar gilashi daga ofis zuwa ɗakin, shi ya sa duk wanda ya gan ni a kasuwa sai ya ce, "Malam, ina kuɗinmu?" Ni kuwa in ɗora wa rezo laifi.

Ashe rezo bai san hawa ba, bai san sauka ba. Mai gyara ya zare kan wayar ya duba: ƙura. Tsakiyar zaren da haske ke bi mikiron 50 ce, ba ta kai kaurin gashi ba, ƙwayar ƙura kaɗan ta isa ta tare hanya. Ga wani kuskuren kuma: an haɗa zare mai 62.5 da mai 50. Duk manomin tattasai a bakin Komadugu ya san abin da ke faruwa in babban tiyo ya zuba cikin ƙarami. Ya ce asarar desibel 3 kawai, rabin hasken ke nan ya tafi.

Ya goge, ya sauya guntuwar wayar. Murafun robar nan da ke rufe kan waya, da yara ke wasa da su, yanzu suna kulle a teburina.