Ranar da Na Mayar da Duna Fari

Duna karen gadin gonarmu ne, baƙi wuluk. A daminar bara ƙuma ta addabe shi, ya kwana yana susa da ƙafar baya yana kuka. Ina tsoron feshi saboda kajin da ke kiwo a wurin, don haka da na ji labarin wani farin gari mai suna diyatomait, sai na ce faɗuwa ta zo daidai da zama.

Garin ɓawon wasu ƙananan halittun ruwa ne da suka mutu tuntuni, suka taru suka zama ƙasa. Akwai shi a Bularafa ta jihar Yobe, kuma ƙurar hunturun da ke taso mana daga kwarin Bodele na Chadi cike take da shi. Yana tsotse maiƙon da ke rufe jikin ƙwaro, ruwan jikinsa ya ƙafe, ya mutu. Wannan bayani ya burge ni har na ɗauki kaina likita.

Wajen mai sayar da kayan tafkin ninƙaya na saya. Na cika tafin hannu na yi ta baɗa wa Duna daga wuya har wutsiya, ya koma kamar wanda ya kwana a injin niƙa. Har dariya na yi. Kwana biyu sai tari, idanu jawur, fata ta bushe. Ƙuma kuwa ko gezau.

Da na kira likitan dabbobi, sai ya juya ledar garin ya karanta. "Malam, wannan na tace ruwa ne. An gasa shi da wuta mai tsanani, ƙurarsa na lahanta huhu, naka da nasa. Ko mai kyan ma ba a kai shi kusa da hanci da ido."

Sai ya tambayi inda karen ke kwana. Na nuna masa tsohon buhu a ƙarƙashin rumfa, jiƙe da lema. Ya ce ƙumar da ke jikin kare kaɗan ce, mafi yawa ƙwai ne da tsutsa a makwancinsa, mace guda kan zuba ƙwai har 50 a rana. Garin kuma in ya jiƙe ba ya aiki. Kunya ta rufe ni.

Na ƙone buhun, na share rumfar, na yi amfani da maganin da likita ya rubuta. Susa ta lafa, amma tarin ya kai mako biyu bai sake shi ba. Har yau in Duna ya hango ni da farar leda, bayan rumbu yake gudu.