Daga Ƙofar Wambai Zuwa Kuberi: Ina Kaset-Kaset Ɗin Da Suka Shige?

Duk wanda ya sauka a Jega, mahaɗar hanyoyin Sakkwato, Birnin Kebbi da Yawuri, zai ga matasa a gaban masu tura fim, kowa da wayarsa a hannu. Haka abin yake a Aliero garin albasa, haka a Maiyama, har ƙauyuka irin su Kuberi. Amma kafin zuwan waya, fim a mota yake zuwa yankin nan. Daga Bata da Ƙofar Wambai a Kano ake ɗauro kaset-kaset cikin kwalaye, su bi hannun dillalai har su iso gidajen haya da gidajen kallo masu janareto.

To, ina waɗannan kaset-kaset suke a yau? Tambayar ba ta wasa ba ce. Tun daga "Turmin Danya" na ƙungiyar Tumbin Giwa a 1990, har zuwa su "Sangaya" da "Wasila", a kan kaset ɗin VHS aka riƙa sakin finafinanmu. Shi kuwa kaset ba ya shiri da zafi, ƙura da laima. A 2016 kamfanin Funai na Japan, wanda shi kaɗai ya rage yana ƙera na'urar bidiyon, ya daina. Ke nan kaset na mutuwa, abin kunna shi ma na ƙarewa.

Mai karatu zai ce, ai akwai su a YouTube. Akwai wasu, amma a wane hali? Fim ɗin da aka ɗauka don tsohuwar talabijin mai kusan murabba'i, sai a ja shi ya cika faffaɗan allo, fuskar jarumi ta koma kamar faranti. Wani an yanke kan mutane, wani an manna tambari a tsakiya, wani ma an datse sunayen ma'aikata. Wannan ba shi ne fim ɗin da iyayenmu suka kalla ba.

Turawa ma sun sha wannan takaicin. A 1997 George Lucas ya yi wa "Star Wars" na 1977 kwaskwarima da kwamfuta, masoya suka ce ba su yarda ba. Wani malamin makaranta ɗan ƙasar Cek, Petr Harmáček, ya zauna ya harhaɗo fim ɗin yadda aka fara nuna shi a sinima, ya fitar a 2011. Ba furodusa ba ne, ɗan kallo ne kurum.

Mu ma muna da namu labarin. "Shehu Umar" na Adamu Halilu, wanda aka yi a 1976 daga littafin Abubakar Tafawa Ɓalewa, an daɗe ana zaton ya salwanta. Sai a 2016 aka tsinci asalin zarensa a ma'ajiyar Hukumar Finafinai ta Nijeriya, cibiyar Arsenal ta Jamus ta gyara shi, aka nuna a bikin finafinai na Balin a 2018. Shi ya dace. Finafinan bidiyo kuwa ba su da gatan irin wannan ma'ajiya.

A nan ƙauye ya shigo. Mutumin birni na sauya gida ya zubar da tarkace, amma na karkara ba ya saurin yar da abin da ya sa kuɗinsa ya saya. Ba mamaki kwafi mafi kyau na wani fim da mai shi ma ya rasa yana kwance cikin adakar wata Inna a Kuberi, ko ƙarƙashin gadon tsohon mai gidan haya a Jega.

Don haka wanda ya ci karo da kaset, kar ya ba yara su zare zaren. Ya ajiye shi a tsaye, cikin inuwa, nesa da lasifika, tare da kwalinsa. In za a juye shi cikin kwamfuta, a juye shi yadda yake: da tallan farko, da waƙoƙi, da sunayen ƙarshe, ba ja ba yanka. Dishi-dishin hoton nan da kalar da ta koɗe, su ma cikin tarihin suke.