Raoul Coutard, Mutumin da Ke Bayan Kyamara

Kura da shan bugu, gardi da karɓar kuɗi: haka sana'ar fim take. Jarumi ake tafa wa, darakta ake bai wa kambu, shi kuwa mai ɗaukar hoto sunansa kan wuce a ƙarshe bayan 'yan kallo sun watse. Shi ya sa na daɗe ina son in yi wa masu karatu bayanin Raoul Coutard, Bafaranshen da aka haifa a Paris a 1924, ya rasu a 2016.

Coutard bai shiga makarantar koyon fim ba. Soja ne da aka tura yankin Indocina a 1945, ya yi kusan shekara 11 a can, ya zama mai ɗaukar hoton yaƙi, mujallu irin su Life da Paris Match suna buga aikinsa. A fagen daga babu mai kafa maka fitila, babu mai maimaita maka abin da ya wuce. Ka yi aiki da hasken da Allah ya kawo, ka yi da sauri.

Wannan horon ne ya yi masa rana a 1959, lokacin da furodusa Georges de Beauregard ya haɗa shi da Jean-Luc Godard don ɗaukar fim ɗin À bout de souffle. Kuɗi kaɗan ne. Maimakon shimfiɗa dogon kyamara, sai Coutard ya zauna a keken guragu ana tura shi. A titin Champs-Élysées ya ɓuya cikin amalanken ma'aikatan gidan waya don kada masu wucewa su lura. Da ya ga fim ɗin sinima ba ya kama ƙaramin haske, sai ya samo na Ilford da ake yi wa kyamarar hoto, ya harhaɗa gajerun naɗinsa suka zama dogaye. Daga baya ya shahara da harba haske sama, rufin ɗaki ya dawo da shi a tausashe, 'yan wasa su yi yawo yadda suka so.

Abin da ke burge ni shi ne, rashi bai zame masa hujjar yin aikin banza ba. Talaucin kayan aiki ne ya haifar da salon da duniya ta kwaikwaya. Ya ɗauki Lola na Jacques Demy, da Jules et Jim na François Truffaut, da Z na Costa-Gavras. Yana kuma cikin masu ɗaukar Chronique d'un été na 1961, aikin Edgar Morin da Jean Rouch, wanda mutanen Nijar suka sani sarai.

Sai dai akwai abin da ke tsaya mini a rai. Idon nan da muke yabo a yaƙin mulkin mallaka ya samu horo, cikin rundunar da ta je hana mutanen Biyetnam 'yancinsu. A 1980 ma ya ba da umarnin fim kan dirar sojojin Faransa a Kolwezi. Ɗan Afirka ba zai kau da kai daga wannan ba. Amma shi ne kuma ya yi Hoa-Binh a 1970, labarin yara biyu 'yan Biyetnam da yaƙi ya raba da iyayensu. Ma'anar sunan ita ce zaman lafiya, fim ɗin kuma ya samu lambar yabo a Cannes, ya shiga takarar Oscar. Ni dai ban ga ɗayan ya goge ɗayan ba, kuma adalci shi ne a ambace su tare.

A farkon Le Mépris na 1963, Godard ya nuna Coutard bisa kyamararsa, yana matsowa sannu a hankali har ya juyo da ita ya saita ta kan mai kallo. Kaɗan ne cikin 'yan sana'arsa suka samu irin wannan girmamawa. Sauran sai dai mu, masu kallo, mu ƙara minti biyu a zaune mu karanta sunayensu.